Muhawara: Waƙar Tom Dooley, daga kisan gilla na 1866 zuwa faifan da ya zagaya duniya

Malam Isiyaku:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Tunda a wannan makon muna duba waƙoƙin baka na wasu al'ummu, ina so in gabatar da wata tsohuwar waƙa ta mutanen tsaunukan Appalachia da ke gabashin Amurka, wadda ake kira Tom Dooley. Asalinta ba ƙagaggen labari ba ne. A ranar 25 ga Mayu, 1866, wata budurwa mai suna Laura Foster ta bar gidan mahaifinta da sassafe a kan goɗiyarsa, ta gaya wa wata maƙwabciya da suka haɗu a hanya cewa za ta je ta sadu da Tom Dula, kuma daga wannan rana ba a sake ganin ta da rai ba. Goɗiyar ta komo gida ita kaɗai. Sai bayan kimanin wata uku aka tono gawarta a wani rami marar zurfi a gefen tudu, cikin gundumar Wilkes ta jihar Karolina ta Arewa, da raunin wuƙa a ƙirji. An rataye Tom Dula a garin Statesville ranar 1 ga Mayu, 1868. Mutanen yankin suna furta sunansa Dooley, kuma da wannan furuci waƙar ta yaɗu.

Abin da ya sa na kawo ta shi ne irin sauyin da ta yi a kan hanya. A faifan farko da aka ɗauka a 1929, sunan Laura Foster yana cikin gindin waƙar, ana ta maimaita shi, ana gaya wa Tom ƙarara cewa shi ya kashe ta. A faifan ƙungiyar Kingston Trio na 1958, wanda shi ne duniya ta sani, sunanta bai fito ko sau ɗaya ba, ta koma wata kyakkyawar mace kawai da aka ambata a jawabin buɗewa, shi kuwa ya zama yaro abin tausayi da ake jajanta wa. Ra'ayina shi ne waƙar ta yi nisa ne saboda ta sauke nauyin gaskiyar da ta taso da shi, kuma ina so in ji ko kun yarda.

Hajiya Rabi:
Wa alaikumus salam, Malam. Na yarda, kuma ina da abin da zai ƙarfafa maganarka. Ba wannan ce kaɗai waƙar da aka yi kan lamarin ba. Wani mutumin yankin mai suna Thomas Land ya rubuta doguwar waƙa a kan kisan, wadda ta tsaya a gefen Laura, tana kwatanta yadda ta fita da zuciyar amarya ta tarar da ajali. Wannan waƙa tana nan a cikin kundayen masu tattara adabin gargajiya na jihar, amma ba ita bakin jama'a ya ɗauka ba. Wadda aka ɗauka ita ce mai ɗan gajeren amshi, mai saurin shiga kunne, wadda take kallon al'amarin daga wurin wanda za a rataye. Saboda haka tun kafin kamfanonin faifai su shigo, jama'a da kansu sun riga sun zaɓi wanda za su yi wa kuka.

Barista Nura:
Malam Isiyaku da Hajiya, kafin mu yi nisa da kiran sa mai kisa, ya kamata mu san abin da aka gabatar a gaban kotu, domin shari'ar ba ta da sauƙi kamar yadda waƙar ta nuna. Tom Dula matashi ne da ya shiga rundunar Kudu a yaƙin basasar Amurka a 1862, cikin runduna ta 42 ta Karolina ta Arewa, aka kama shi a 1865 aka tsare a sansanin fursunonin yaƙi na Point Lookout da ke Maryland, sannan aka sake shi bayan yaƙi ya ƙare. Tun kafin tafiyarsa yana da alaƙa da Ann Melton, matar wani mai ɗinkin takalma da ake kira James Melton, kuma da ya dawo suka ɗora daga inda suka tsaya. Ann da Laura dangi ne, haka ma Pauline Foster, wadda take aikatau a gidan Melton, kuma ita ce daga baya ta zama babbar mai shaida.

Dalilin kisan da masu gabatar da ƙara suka kafa ba kishi ba ne irin wanda aka saba ji a waƙoƙin soyayya. Likitan yankin, George Carter, ya shaida cewa ya yi wa Tom maganin tunjere, kuma Tom ya ce masa a wurin Laura ya ɗauka. Wani mai shaida kuma ya ce ya ji Tom yana alwashin gamawa da wadda ta sa masa ciwon. An kuma shaida cewa ya ari diga kwana ɗaya kafin ɓatan Laura, an gan shi da digar a kusa da inda daga baya aka sami kabarin. Da zargi ya yi ƙarfi sai ya tsallaka jihar Tennessee, ya sauya suna zuwa Tom Hall, ya yi ƙodago na 'yan kwanaki a gonar wani mutum mai suna James Grayson kusa da ƙauyen Trade, kuma Grayson ɗin ne ya taimaka wa waɗanda suka biyo sawunsa suka kama shi a watan Yuli, tun ba a ma ga gawar ba.

Duk wannan ƙarina ce mai ƙarfi, amma babu wanda ya ga kisan da idonsa. Lauyan da ya kare shi, Zebulon Vance, tsohon gwamnan jihar ne a lokacin yaƙi, kuma bai karɓi ko kwabo ba. Shi ya nemi a ɗauke shari'ar daga Wilkesboro zuwa Statesville saboda zukatan mutanen gida sun yi zafi. An sami Tom da laifi a 1866, kotun ƙoli ta jihar ta soke hukuncin saboda kuskure wajen karɓar wasu shaidu na jita-jita, aka sake shari'a a watan Janairu na 1868, aka sake samun sa da laifi. Wanda ya riƙe waɗannan matakai zai ga cewa tausayin da jama'a suka nuna masa yana da tushe a cikin shakkar da shari'ar ta bari.

Ɗanlami:
Ranku ya daɗe, ina da tambaya. Na karanta cewa Tom ɗin ne da kansa ya tsara waƙar a kurkuku, har ma ya rera ta yana zaune a kan akwatin gawarsa a cikin keken doki a hanyar zuwa wurin rataya. Shin wannan yana da asali?

Malam Isiyaku:
Ɗanlami, wannan yana daga cikin almarar da ta taru a kan labarin. An kai shi wurin rataya a keken doki tare da akwatin gawarsa, kuma an san yana goga goge irin na Turawa, to daga nan ne masu ba da labari suka haɗa biyun suka sa masa kayan kiɗa a hannu. Wakilin jaridar New York Herald ya halarci ratayar ya kuma aika rahoto, abin da ya bayyana shi ne mutumin da ya yi dogon jawabi ga taro yana zargin wasu masu shaida da ƙarya. Abin da yake sa mutane su ɗauka shi ya yi waƙar shi ne salonta: gindin waƙar murya ce ta jama'a tana magana da shi, 'ya'yan waƙar kuma murya ce tasa yana cewa na yi kaza, gobe war haka ina kaza. Wannan salo tsoho ne ƙwarai. A Ingila da Sikotilan tun ƙarnonin baya akan buga waƙar bankwana da sunan wanda za a rataye a takarda guda, a sayar wa taron da ya zo kallo, alhali wani ne dabam ya rubuta ta don neman na tuwo. Jikokin mutanen waɗannan ƙasashe ne suka zauna a tsaunukan Appalachia, suka taho da salon. Lokacin da masu tattara waƙoƙi daga Ingila, Cecil Sharp da Maud Karpeles, suka zagaya tsaunukan daga 1916 zuwa 1918, sun tarar da tsofaffin waƙoƙin Ingila da yawa suna raye a bakin manoma. Saboda haka da kisa ya auku a gundumar Wilkes, akwai tsararren ƙira da ke jiran a zuba sabon labari a ciki.

Alhaji Lawali:
Ina gaishe ku daga Maraɗi. Malam Isiyaku, ka yi mini haƙuri, ban yarda da kai ba a kan tushen maganar. Waƙa ba kundin kotu ba ce, kuma ba adalci ba ne a auna ta da ma'aunin da ba nata ba. Ni da Faransanci na fara jin wannan waƙa a rediyo, ta bakin ƙungiyar Les Compagnons de la chanson, kuma ban san akwai wani wuri da ake kira Wilkes ba, amma na fahimci cewa ga mutum nan da ya yi ta'asa, ya san gobe zai mutu, ana ce masa ya sunkuyar da kai ya yi nadama. Wannan shi ne abin da waƙar take ɗauke da shi, kuma ya isa ya ratsa kowane harshe. Lonnie Donegan ya rera ta a Ingila a 1958 ɗin nan, an kuma yi ta da Jamusanci. Da ta tsaya tana lissafa sunayen dangi da ciwo da diga, da ba ta wuce ƙauyukan bakin kogin Yadkin ba, kuma da mu nan ba mu taɓa jin sunan Laura Foster ba. Faifan da kuke zargi da share sunanta shi ne dalilin da ya sa marubuta suka koma suka tono takardun kotu.

Hajiya Rabi:
Alhaji, maganarka ta ƙarshe gaskiya ce, littafin John Foster West na 1970, wanda ya bi takardun shari'ar, bayan shaharar faifan ya fito. Amma ba na jin za mu ce sauƙaƙawa kawai aka yi. An kuma ƙara abin da babu shi. Jawabin buɗewa na faifan 1958 ya gabatar da labarin a matsayin rikicin maza biyu a kan mace ɗaya, wato Tom da Grayson suna takara. James Grayson kuwa manomi ne kuma tsohon hafsan soja a wata jiha dabam, bai da wata alaƙa da Laura, laifinsa kawai shi ne ya ba baƙo aiki sannan ya taimaka aka kama shi. A wasu ruwayoyin an mayar da shi malamin makaranta mai son Laura, a wasu an mayar da shi shugaban 'yan sandan gunduma. Fim ɗin da aka yi a 1959 wanda Michael Landon ya fito a ciki ya bi waƙar ne ya ƙaga nasa labarin, bai bi tarihi ba.

Abin da ya fi damu na shi ne wannan ba a kan Laura kaɗai ya tsaya ba. A wannan jiha dai akwai waƙar Omie Wise, wadda aka nutsar a kogi a gundumar Randolph a farkon ƙarni na 19, akwai Pretty Polly da Knoxville Girl waɗanda tushensu yake Ingila, akwai Banks of the Ohio. A kusan dukkansu saurayi ne yake jan budurwa zuwa wurin da babu kowa ya kashe ta, kuma sau da yawa bakinsa ne yake ba da labarin. Wasu masana suna cewa iyaye mata suna rera su ne don gargaɗin 'ya'yansu, kuma ina ganin akwai gaskiya a ciki muddin ana rera su a gida, a gaban waɗanda suka san dangin mamaciyar. Da zarar an kai su zauren shaƙatawa na birni aka sa musu murya uku masu daɗi, gargaɗin ya tafi, daɗin ya rage.

Malam Garba:
Bari in shigo ta fuskar faifan, domin a nan ne na fi ba da lokacina. Waɗanda suka fara ɗaukar waƙar a 1929 a kamfanin Victor su ne G. B. Grayson da Henry Whitter. Grayson mai goge ne wanda kusan ba ya gani tun yana ƙarami, yana ci da kiɗa a wuraren rawa da kasuwanni a kan iyakar Tennessee da Karolina ta Arewa, kuma James Grayson da ya kama Tom ɗan uwan mahaifinsa ne. Whitter kuwa ma'aikacin masaƙa ne daga garin Fries na Virginia, yana kaɗa jita, yana cikin mutanen farko da suka ɗauki irin wannan kiɗa a faifai tun 1923. Wannan zamani ne da kamfanoni suka gano cewa talakawan karkarar Kudu za su sayi kiɗansu na gida: Fiddlin' John Carson ya yi faifansa a Atlanta a 1923, Ralph Peer, mai ɗaukar faifai na kamfanin Victor, kuma ya kafa na'urarsa a garin Bristol a 1927 ya ɗauki iyalan Carter da Jimmie Rodgers. Daga nan ne abin da muke kira kiɗan kantiri ya samo tushe. Faifan Grayson yana da sauri, kiɗan rawa ne sosai, gogen yana gaba. Shi kansa bai daɗe ba, ya rasu a haɗarin mota a 1930.

Sai dai faifan 1958 ba daga wannan ya fito ba. Hanyarsa dabam ce. A 1938 wasu ma'aurata masu tattara waƙoƙi, Frank da Anne Warner, suka je tsaunin Beech wurin wani mai sassaƙa kayan kiɗa da ake kira Nathan Hicks, a can suka haɗu da surukinsa Frank Proffitt, manomin taba kuma kafinta, ya rera musu waƙar yadda ya koya a cikin danginsa. Warner ya riƙa rera ta a wuraren laccarsa da nasa salon, Alan Lomax, wani mai tattara waƙoƙin gargajiya, ya buga ta a littafin Folk Song U.S.A. a 1947, Warner ya ɗauke ta a faifai a 1952. Kingston Trio, wato Dave Guard da Bob Shane da Nick Reynolds, samari ne da suka yi karatun kwaleji a yankin San Francisco, biyu daga cikinsu a Hawaii suka tashi, sunan ƙungiyar ma daga babban birnin Jamaika suka aro shi saboda kiɗan kalifso ne yake tashe a lokacin. Sun sassauta saurin waƙar, suka sa ɗan tsaiko a cikin amshin, kamfanin Capitol ya fitar da ita cikin kundinsu na farko, masu gabatar da shiri a wani gidan rediyo na Salt Lake City suka yi ta saka ta har kamfanin ya fitar da ita ita kaɗai, kuma a watan Nuwamba na 1958 ta hau matsayi na ɗaya a jadawalin Billboard, wato jerin waƙoƙin da suka fi tashe a Amurka.

Barista Nura:
Malam Garba ya kawo mu inda nake jira. Da faifan ya fito an rubuta cewa waƙar gargajiya ce wadda Dave Guard ya tsara. Kamfanin Ludlow Music, wanda yake riƙe da haƙƙin mallakar sigar da aka buga a littafin Lomax, ya shigar da ƙara, aka sasanta a wajen kotu a 1962, aka sa sunayen Warner da Lomax, Proffitt kuma ya fara samun wani kaso. A lokacin kuwa zafin kasuwar ya riga ya wuce. Wato dai kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Proffitt ya rasu a 1965 yana da shekara 52, bai taɓa zama mai dukiya ba.

Amma a matsayina na lauya, abin da ya fi ɗaukar hankalina shi ne ko Proffitt ɗin ma ba shi ya ƙirƙiri waƙar ba, kuma faifan Grayson ya riga haɗuwarsa da Warner da shekara tara. Dokar Amurka ba ta san abin da ake kira mallakar al'umma ba, ta san wanda ya fara kai takarda ofis. Haka yake faruwa a wurinmu idan mawaƙin zamani ya ɗauki waƙar daɓe ko ta niƙa da kakanninmu mata suka yi ta rerawa, ya sa mata fiyano, ya rubuta sunansa a kai: babu wadda za ta iya zuwa kotu ta ce tata ce, domin ta kowa ce.

Alhaji Lawali:
Barista, ban musa rashin adalcin rabon ba, amma a faɗi ɗaya ɓangaren. Bayan 1958 ne aka fara neman Frank Proffitt, aka gayyace shi bukukuwan waƙoƙin gargajiya, kamfanin Folk-Legacy ya buɗe aikinsa a 1962 da kundin waƙoƙinsa, mutane suka riƙa yin odar banjo, wani abin kiɗa mai tsirkiya, da yake sassaƙawa da hannunsa. Sannan a tuna halin da ake ciki a Amurka a lokacin. Ƙungiyar Weavers, wadda ta yi tashe da waƙoƙin gargajiya a 1950, an toshe mata kafofi saboda zargin alaƙa da kwaminisanci, kamfanoni suka ja baya daga irin wannan kiɗa. Nasarar Tom Dooley ce ta nuna musu cewa akwai kasuwa, kuma ta wannan ƙofa ne Joan Baez da Bob Dylan da Peter, Paul and Mary suka sami masu sauraro a shekarun da suka biyo. Dubban matasa sun sayi jita saboda waƙar tana da sauƙin koyo, kama biyu kawai take buƙata a wuyan jitar. Daga cikinsu ne aka sami waɗanda suka koma tsaunuka suna neman tsofaffin makaɗa.

Ɗanlami:
Malam Garba, tunda an ambaci banjo, na ga hoton wanda Proffitt yake sassaƙawa, sai na ga kamar gurmi. Akwai dangantaka ko kama ce kawai?

Malam Garba:
Akwai dangantaka, ƙanena, kodayake ba kai tsaye daga ƙasar Hausa ba. Banjo bayi 'yan Afirka ta Yamma ne suka ƙirƙiro shi a tsibiran Karibiyan, da ƙwarya da fata da sanda, bisa tunawa da kayan kiɗan da suka baro a gida. Hans Sloane ya ga irinsa a Jamaika a ƙarshen shekarun 1680, Thomas Jefferson kuma ya rubuta cewa daga Afirka baƙaƙen fata suka zo da shi. Masu bincike sun fi danganta shi da akonting na mutanen Jola a Senegal da Gambiya, da kuma ngoni na Mali, gurmi da molo da garaya kuwa suna cikin wannan babban dangi na kayan tsirkiya masu fuskar fata. Fararen fata sun koye shi daga baƙaƙe, ya shiga tsaunuka a ƙarni na 19, kuma irin wanda Proffitt yake yi, na katako da 'yar fatar dabba a tsakiya, ba shi da ƙarafan da suke raba wuya gida-gida, don haka yatsa yana iya zamewa tsakanin sauti da sauti. Karin waƙar Tom Dooley kansa a kan matakan sauti biyar yake tafiya, shi ya sa kunnen Bahaushe ba ya jin sa baƙo. Kamfanonin faifai ne a shekarun 1920 suka raba kasuwa gida biyu, na farare dabam na baƙaƙe dabam, har aka manta da wannan cuɗanya.

Hajiya Rabi:
Ina so in dawo da mu kan wata siga da ba a taɓo ba, ta Doc Watson, makahon makaɗin jita na Deep Gap, wanda garinsu ba shi da nisa da inda abin ya faru. Ya ɗauke ta a kundinsa na 1964, da sauri irin na mutanen tsauni, da sunan Laura a ciki, kuma a tasa sigar Tom yana musun cewa ya taɓa ta. Watson ya riƙa faɗin labarin da ya gada daga kakanninsa, cewa Ann Melton ce ta yi kisan saboda kishi, kuma ta furta hakan a kan gadon mutuwarta. Mutane da yawa a yankin haka suka yi imani. Ina girmama ruwayar dangi, amma ina lura da inda ta kai mu: an fara da waƙar da take tuhumar namiji, aka bi ta wadda take tausaya masa, aka ƙare da labarin da ya wanke shi ya ɗora wa wata mace, har ya zama gwarzon da ya ba da ransa don ya kare masoyiyarsa. Ko da Ann tana da hannu, wanda ya yi wa Laura alƙawarin haɗuwa a wannan safiya, wanda aka gani da diga, wanda ya gudu ya sauya suna, shi ne Tom.

Barista Nura:
Hajiya, abin da takardu suka tabbatar game da Ann shi ne an tsare ta kusan shekara biyu ana tuhumar ta da hannu a kisan, kuma Pauline ta shaida cewa Ann ce ta kai ta kusa da inda kabarin yake ta nuna mata wurin, wanda yake nufin aƙalla ta san abin da ya faru. A daren da za a rataye shi, Tom ya bar takarda cewa shi kaɗai ne yake da hannu a kisan Laura Foster, kuma da wannan takarda aka sallami Ann a shari'arta a ƙarshen 1868. Ta rasu bayan 'yan shekaru. Masu wanke shi suna karanta takardar a matsayin sadaukarwa, masu tuhumar sa suna karanta ta a matsayin iƙirari, kuma kalmominta suna ɗaukar fassarar biyu. A 2001 wasu mutanen yankin sun kai wa gwamna Mike Easley takardar neman a yafe masa bayan mutuwa, amma ba a yi hakan ba, don haka a idon doka hukuncin 1868 yana nan daram.

Malam Isiyaku:
Alhaji Lawali, ina nan a kan bakana, amma hujjarka ta sa na ga ya dace in fayyace abin da nake nufi. Ba ina neman waƙa ta zama rahoton 'yan sanda ba ne. Faifan 1929 ma ba rahoto ba ne, gajere ne, ana iya rawa da shi, amma ya riƙe suna ɗaya da tuhuma ɗaya, kuma waɗannan biyun ba su hana shi daɗi ba. Cire su zaɓi ne da wasu suka yi, ba larurar waƙa ba. Ana ganin sakamakon a gundumar Wilkes ta yau: tsohon kurkukun Wilkesboro inda aka tsare shi ya zama gidan tarihi, an yi wasan kwaikwayo na fili da sunansa, masu yawon buɗe ido sun yi ta ɓantarar dutsen kabarinsa suna tafiya da shi don tunawa, kuma littafin ƙagaggen labari da Sharyn McCrumb ta fitar a 2011 shi ma sunansa yake ɗauke da shi. Duk wannan ciniki da sunan wanda aka rataye ake yin sa.

Malam Garba:
Akwai wani abu guda da ya shafi inda za a ajiye waƙar, kantiri ce ko ta gargajiya. A bikin Grammy na farko a 1959, wato bikin ba da kyaututtukan kiɗa na Amurka, faifan Kingston Trio ne ya lashe kyautar kiɗan kantiri, saboda a lokacin babu rukunin waƙoƙin gargajiya, kuma mutane da yawa a Nashville, cibiyar kiɗan kantiri, ba su ji daɗi ba, domin ba su ɗauki samarin a matsayin nasu ba. A zagaye na gaba aka buɗe rukunin gargajiya, su ne kuma suka fara lashe shi. Ɗakin karatu na majalisar dokokin Amurka ya sa faifan nasu cikin jerin faifan da ake adanawa saboda muhimmancinsu ga tarihin ƙasa. Ga masu son saurare, duk sigogin huɗu suna samuwa a intanet, kuma shawarata a fara da Grayson da Whitter, a bi da Proffitt, sannan Kingston Trio, a ƙare da Doc Watson. A na Grayson a kula da baitin da yake ba da awon kabarin, ƙafa huɗu a tsawo da uku a zurfi, domin ya yi daidai da abin da masu tono suka shaida, cewa ramin ya yi wa gawar gajarta har sai da aka lanƙwashe ƙafafunta.